Waiwaye: Yadda Kwalin Kaset Ya Yanke Wa Iyayen Fim Farashi

Tun bayan hirar da dattijuwar 'yar fim Ladin Cima ta yi da BBC Hausa a 2022 kan ɗan abin da ake sallamar ta da shi in ta fito a fim, maganar dattawan Kannywood ba ta kwanta ba. Duk sanda aka ga wani tsohon ɗan wasa a gadon jinya ana nema masa taimako, sai a sake tayar da ita kamar jiya abin ya faro.

A zamanin wasan talabijin, irin waɗannan dattawan 'yan wasa su ne wasan kansa. Samanja da Ƙasimu Yero ba kyan fuska ne ya ɗaukaka su ba, hali suka riƙe har mutane suka haddace shi. Ko da fim ɗin bidiyo ya soma a Kano a 1990, ƙungiyoyin wasan kwaikwayo ne suka ɗauko shi.

Inda zancen ya juya shi ne wajen sayarwa, kuma ba a cika tuna wannan ba. Furodusa kwali yake bugawa, ya kai wa 'yan kasuwa tare da masta, wato kaset ɗin asali na fim ɗin, su kwafi fim ɗin a kaset su zura a ciki. Kuɗinsa yawan kwalin da ya shiga ne. Mai saye kuwa kwalin yake juyawa a hannu kafin ya zaro kuɗi. Da soyayya da waƙa suka mamaye fim wajen shekarar 2000, saurayi da budurwa ne suka cika kwalin. Uwa da uba da boka da dillaliya, in an yi musu kara, a maƙala su a lungu kamar hoton fasfo. Wanda fuskarsa ba ta sayar da kwali kuwa ba shi da bakin yin ciniki.

Daga nan tsarin aikin ya bi sahu. A tattara duk wuraren da uba zai fito a fim ɗin a ɗauka rana guda a falo ɗaya, ya canja riga da hula sau biyar, a gusar da kujera, shi ke nan an yi wata shida a labari. Sau da yawa ba a ba shi rubutu tun da wuri, a lokeshan ake faɗa masa gundarin maganar, shi ya cike da karin magana da faɗan da ke sa mai kallo ya tuna babansa. Wannan gwanintar ba ta shiga lissafi. Sallama ce ta yini, galibi ba takardar yarjejeniya, don haka ko sau nawa aka maimaita fim ɗin a talabijin, nasa ya ƙare tun ranar.

Kaset ya mutu, faifai ya bi shi. Finafinai masu dogon zango sun ba dattawan fili fiye da da, gaskiya ne. Sai dai a YouTube ɗan hoton da ake sa wa a fuskar bidiyo ne ke jawo dannawa, kuma har yanzu saurayi da budurwa ne a kai.