Yashin Gini a Gaban Kotu: Tambayoyi da Amsoshi

Shin yashi ma yana cikin ma'adinai a idon doka?

A ƙasashe da yawa haka ne. Dokar ma'adinai ta Indiya ta 1957 ta sanya yashin gini cikin ƙananan ma'adinai, ta kuma bar wa gwamnatocin jihohi ikon tsara ƙa'idojin haƙarsa. A Najeriya kuwa, sashe na 44(3) na tsarin mulkin 1999 ya damƙa dukkan ma'adinai a hannun gwamnatin tarayya, kuma dokar ma'adinai ta 2007 ce ke tsara bayar da lasisi. Wannan tsanantawa tana da dalili, domin a 2022 hukumar muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ƙiyasta cewa ana amfani da kimanin tan biliyan 50 na yashi da tsakuwa a kowace shekara. Rairayin hamada bai dace da kankare ba saboda iska ta goge ƙwayoyinsa sun yi sumul, shi ya sa nauyi mai yawa ya faɗa kan koguna da gaɓar teku.

Idan a filin mutum aka ɗebi yashin, ina ruwan hukuma?

Nan ne yawancin rigimar take farawa. Mallakar fili daban, mallakar abin da ke ƙarƙashinsa daban, a inda doka ta raba su. Wasu dokoki suna sassauta wa mai ɗiban kaɗan don ginin kansa, amma da zarar an fara lodin tifa ana sayarwa, sai an nemi izini an biya haraji. Ƙanƙantar wurin ma ba ta kuɓutar da mutum, domin a 2012 Kotun Ƙolin Indiya ta ce ko filin haƙa bai kai hekta 5 ba, dole ne a sami amincewar hukumar muhalli ta ƙasar.

Mene ne ainihin abin da ake jayayya a kansa a kotu?

Asalin yashin. Tulin yashi ba ya ɗauke da alamar inda ya fito, don haka shari'ar takan koma kan takardu: lasisin mai haƙa, rasit ɗin haraji, da takardar izinin jigila mai nuna lambar mota, rana da yawan kaya. Direban da aka tsayar da tifa cike, ruwa na ɗiga daga bayanta, ga takarda mai kwanan watan jiya, zai sha wuya kafin ya gamsar da alƙali cewa ba a yi sahu biyu da izini ɗaya ba. Su ma jami'ai ana ƙalubalantarsu kan ko doka ta ba su ikon kamawa, da ko sun auna kayan sun rubuta a gaban shaidu. A ganina wannan ɓangaren ne hukumomi suka fi yin sakaci da shi.

Laifin sata ne ko saɓa ƙa'ida?

Yana iya zama duka biyun. A 2014 Kotun Ƙolin Indiya ta yanke cewa 'yan sanda suna iya tuhumar mai kwasar yashin kogi ba da izini ba da laifin sata, ko da hukumar ma'adinai ba ta shigar da nata ƙorafin ba.

Me ke faruwa da yashin da motar kafin a yanke hukunci?

Jinkiri yana cutar da kowane ɓangare, domin ruwan sama yana kwashe tulin, ɓarayi suna yagar nasu da dare, tifa kuma tana tsatsa a harabar ofishin 'yan sanda. Saboda haka kotuna sukan ba da izinin yin gwanjon yashin a ajiye kuɗin har ƙarshen shari'a, ko su saki motar ga mai ita bayan an ɗauki hotonta kuma ya kawo mai tsaya masa, bisa sharaɗin ba zai sayar da ita ba kuma zai kawo ta duk ranar da kotu ta nema.