Yawon Wuni Guda zuwa Garuruwan Tudu da Gonakin Inabi na Toskana

Yawon wuni guda zuwa garuruwan tudu wani reshe ne na harkar yawon buɗe ido a Italiya. Ana kwasar mutane kaɗan a ƙaramar bas da safe, a zaga da su tsofaffin garuruwa masu ganuwa da gonakin inabin da ke kewaye da su, a mayar da su masauki kafin dare ya yi nisa. Inda harkar ta fi ƙarfi shi ne yankin Toskana da ke tsakiyar ƙasar. Yawancin motocin daga birnin Filorens suke tashi, wanda mutanen ƙasar ke kira Firenze, wasu kuma daga Siyena. Wuraren da aka fi zuwa su ne San Gimignano, Monteriggioni, Siyena kanta, tuddan Chianti, sai can kudu Montalcino da Pienza da Montepulciano.

Dalilin zama a kan tudu

Tun zamanin Etruskawa, mutanen da suka riga Rumawa iko da yankin, ake gina gari a kan tudu a Toskana. Tsaro ne dalili na farko: mai gadi a bisa ganuwa yana hango ƙurar mahara tun suna nesa. Na biyu kuwa lafiya ce, domin kwaruruka irin su Val di Chiana da gaɓar Maremma fadamu ne masu sauro, kuma zazzaɓin cizon sauro ya daɗe yana korar mutane daga cikinsu.

Arzikin garuruwan ya bunƙasa tsakanin ƙarni na 12 da na 14. Hanyar da ake kira Via Francigena, wadda masu ziyarar ibada na Kirista ke bi daga arewacin Turai zuwa Rum, ta ratsa ta San Gimignano da Siyena. Babban limamin cocin Canterbury, Sigeric, ya bi ta a shekarar 990, kuma an rubuta zangon da ya yi ɗaya bayan ɗaya. Duk inda matafiya suka yi yawa, sai masu masauki da 'yan canji da fatake su biyo baya. San Gimignano ta yi kuɗi da za'afaran, Siyena kuma da harkar banki da ulu.

Abin da ya tsayar da wannan bunƙasa shi ne annobar 1348, wadda ta ɗauke jama'a masu ɗimbin yawa. San Gimignano ta miƙa wuya ga Filorens a 1353. Siyena ta jure har zuwa 1555, lokacin da yunwa ta sa ta buɗe ƙofa bayan doguwar kewayewar sojojin Sifen da na Filorens. Wasu manyanta suka gudu Montalcino suka ci gaba da kiran kansu jamhuriyar Siyena har 1559. Daga nan fatauci ya sake hanya, garuruwan suka koma ƙauyuka masu manyan gine-gine. Babu mai kuɗin rushe tsohon gida ya gina sabo, shi ya sa tituna da ƙofofi suka tsaya yadda suke. Wato talaucin ɗaruruwan shekaru ne ya adana abin da baƙi ke biyan kuɗi su gani a yau.

Garuruwan da ake zuwa

San Gimignano ce ta fi jan ido daga nesa saboda hasumiyoyinta. An ce a zamanin ƙarfinta sun kai 72. Yanzu 14 suka rage. Gidajen masu arziki ne suka gina su, don kariya a lokacin faɗan cikin gari, don kuma nuna isa. Gasar ta yi tsanani har hukuma ta hana kowa ya gina abin da ya fi hasumiyar gidan mulki tsawo, sai wasu iyalai suka koma gina biyu-biyu. Mafi tsawo a yau ita ce Torre Grossa mai mita 54, wadda aka gama a 1311, kuma ana hawanta da matakala. Mazauna garin ba su kai 8,000 ba, amma da tsakar rana a lokacin bazara babban titinsa kan cika maƙil kamar ranar kasuwa. Hukumar UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya a 1990.

Monteriggioni ƙarama ce ƙwarai. Siyena ta gina ta tsakanin 1213 da 1219 a matsayin sansanin tsare hanyar Filorens. Ganuwarta mai hasumiyoyi 14 tana nan zagaye da ita, kuma rabin awa ya isa a gama ganin cikinta.

Siyena ce ta fi cancantar a ba ta lokaci, kuma ita ce aka fi zalunta a tsarin wuni guda, don sau da yawa awa biyu kacal ake ware mata. Dandalinta, Piazza del Campo, yana da siffar ɓawon kifin teku, an shimfiɗe shi da jan bulo aka raba shi kashi tara don tunawa da majalisar mutum tara da ta mulki garin daga 1287 zuwa 1355. A fadar gari akwai zanen bango da Ambrogio Lorenzetti ya yi a 1338 zuwa 1339, mai nuna abin da mulki nagari da mugun mulki ke haifarwa a birni da karkara: a wani ɓangare manoma na huɗa, 'yan kasuwa na shiga da kaya, a ɗayan kuma gidaje sun rushe, gonaki sun ƙone. Kusa da babban cocin garin akwai wani dogon bango a tsaye shi kaɗai, ragowar faɗaɗawar da aka fara a 1339 aka kuma watsar bayan annoba. A nan ne kuma hedikwatar bankin Monte dei Paschi, wanda ke danganta asalinsa da 1472.

A wannan dandali ake tseren dawakin Palio, ranar 2 ga Yuli da 16 ga Agusta. Garin na da unguwanni 17, goma ne ke shiga kowane tsere. Ana zuba ƙasa a kan duwatsun gefen dandalin, mahaya su hau ba sirdi, su zaga sau uku cikin abin da bai wuce minti ɗaya da rabi ba. Doki na iya cin tseren ko da ya kayar da mahayinsa. Wanda ya zo a ƙaramar bas a irin waɗannan ranaku ba lallai ya ga komai ba sai bayan mutane.

A kudu, Pienza ta bambanta da sauran. Ƙauye ne mai suna Corsignano, mahaifar Fafaroma Pius na II, wanda ya sa maginin nan Bernardo Rossellino ya sake tsara tsakiyarsa daga 1459 zuwa 1462. Yau an fi saninta da cukun madarar tumaki da ake kira pecorino, wanda warinsa ke tarbar baƙo tun daga ƙofar gari. Kwarin Val d'Orcia da ke ƙasanta, mai gonakin alkama da dogayen itatuwa masu tsini a jere bakin hanya, ya shiga jerin UNESCO a 2004.

Ƙasar inabi

Tsakanin Filorens da Siyena akwai tuddan Chianti, kuma hanya mai lamba 222, Chiantigiana, ita ce ke ratsa su ta Greve da Panzano da Castellina. A 1716 sarkin Toskana Cosimo na III, na gidan Medici, ya fitar da doka mai shata iyakar ƙasar da giyar inabinta za ta iya ɗaukar sunan Chianti. Ana lissafa wannan cikin dokoki na farko irinsu a duniya. A 1872 Bettino Ricasoli, wanda ya taɓa zama firaministan Italiya, ya rubuta yadda yake haɗa nau'o'in inabi a gidan gonarsa na Brolio, ya ba nau'in Sangiovese kaso mafi tsoka. Dokar yanzu ta ce giyar da ake kira Chianti Classico sai ta ƙunshi aƙalla kashi 80 cikin ɗari na wannan nau'i. Giyar Brunello ta Montalcino kuwa Sangiovese ce zalla, ba a sayar da ita sai a shekara ta biyar bayan girbi, kuma dole ta yi aƙalla shekara biyu a gangar katako.

Tambarin Chianti Classico baƙin zakara ne, kuma babu ɗan jagoran da zai wuce bai ba da tatsuniyarsa ba. Wai Filorens da Siyena sun yarda kowanne ya saki mahayi da carar zakara, inda suka haɗu nan ce iyaka. Mutanen Filorens suka zaɓi baƙin zakara suka hana shi abinci, ya yi cara tun gari bai waye ba, mahayinsu ya cinye kusan duk ƙasar. Labari ne kawai. Ainihin iyakar yaƙe-yaƙe da yarjejeniyoyi ne suka yanke ta.

Gonakin da ake kai baƙi a yau suna da tarihin da ba kasafai ake faɗa ba. Har tsakiyar ƙarni na 20 ana noman yankin ne bisa tsarin mezzadria, wato noman raba-daidai: mai ƙasa ya ba da gona da gida, manomi da iyalinsa su yi aiki, a raba amfani biyu. A shekarun 1950 da 1960 manoma suka watse zuwa masana'antun birane, dokar 1964 ta hana ƙulla sabuwar yarjejeniya irin wannan, gidajen dutse suka zama kufai. Masu kuɗi daga birane da ƙasashen waje suka saye da yawa da arha. A 1985 aka yi dokar da ta ba manomi damar saukar da baƙi da ciyar da su a gonarsa, abin da ake kira agriturismo. Abincin ranar da ake ci a ƙarƙashin rumfar inabi a wannan yawo daga nan ya samo asali.

Yadda tafiyar take

Ƙarancin mutane a mota ba ado ba ne kawai. Tsakiyar kusan kowane tsohon gari yanki ne da aka taƙaita shigar mota, mai alamar ZTL, kuma kyamara ce ke ɗaukar lambar wanda ya keta, takardar tara ta bi shi har ƙasarsu. Manyan bas-bas sukan tsaya nesa da ganuwa, hanyoyin gonaki kuwa da yawansu tsakuwa ce fara, ƙunci gare su. Mota mai ɗaukar fasinja takwas da direba ita ke iya kaiwa bakin ƙofar gidan gona. Akwai kuma batun tuƙi: doka ta ƙayyade barasa a jinin direba, kuma ga direban haya ba a yarda da ko kaɗan ba, don haka masu ɗanɗana giya sun gwammace wani ya tuƙa su.

Akan tashi wajen ƙarfe takwas, a bi babbar hanyar Siyena mai kimanin kilomita 70. A gidan gona akan fara da zaga kurangar inabi, a sauka ɗakin ƙarƙashin ƙasa mai sanyi inda gangunan suke a jere, sannan a zauna a tebur. Nan ake kawo burodin Toskana marar gishiri, a gasa shi, a goga masa tafarnuwa, a kwarara man zaitun mai ɗan yaji a maƙogwaro. Akan biyo da taliyar hannu mai kauri da ake kira pici, ko ribollita, miyar wake da kabeji da busasshen burodi. Girbin inabi a Satumba da farkon Oktoba yake, na zaitun kuma daga ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba. Yuli da Agusta zafi ne da cunkoso.

Musulmi da sauran waɗanda ba sa shan giya kan yi wannan yawo don garuruwan da shimfiɗar ƙasar, amma sai sun yi magana tun kafin a biya kuɗi, domin ɗanɗana giya na cikin farashin yawancin tafiye-tafiyen. Haka ma abinci: farantin farko kusan kullum naman alade ne busasshe, miyar taliya kan zo da naman aladen daji, wata kuma ana dafa ta da giya. Akwai masu shirya zagayen man zaitun da cuku kaɗai. A Colle di Val d'Elsa, kusa da San Gimignano, akwai masallaci da aka buɗe a 2013.

Sukar da aka fi yi wa harkar ita ce gaggawa. Tallar da ta yi alkawarin garuruwa huɗu da gidan gona a wuni ɗaya tana nufin rabin wunin a cikin mota zai ƙare. Mazauna garuruwan su ma suna kokawa: baƙon wuni guda yakan sayi askirim da katin hoto ya tafi, ba ya kwana, amma shagunan da 'yan gari ke buƙata suna komawa na sayar da tsaraba, gidajen haya kuma suna komawa masaukin baƙi. Wanda ya fi son tafiya da kansa yana iya shiga bas ta haya daga Filorens, wadda ke sauke shi cikin Siyena bayan awa ɗaya da 'yan mintuna. Jirgin ƙasa ma yana zuwa, sai dai tasharsa a gindin tudu take, sai an hau. San Gimignano ba ta da tasha ko kaɗan. A Poggibonsi ake sauka a canza mota.