Farar da ba ta tashi amma take cinye gonaki a Ostireliya

*Wace irin fara ce wannan?*

'Yar ƙarama ce, masana na kiranta Phaulacridium vittatum. Tsawonta bai wuce santimita 2 ba, kuma macen ta fi namijin girma. Launinta ƙasa-ƙasa ne ko toka-toka, wasu da farin zane biyu a gefen baya, ƙaurin ƙafarta na baya kuma ja-ja. 'Yar asalin kudancin Ostireliya ce: tuddan New South Wales, da Victoria, da tsibirin Tasmania, da kudu maso yammacin ƙasar.

*Tunda ba ta tashi, ba ta da fiffike ke nan?*

Tana da shi, guntu ne kawai, ba ya ɗaga ta sama. Akan sami kaɗan daga cikinsu masu cikakken fiffike da ke iya tashi, amma mafi yawa da tsalle suke zuwa duk inda za su.

*To wadda ba ta tashi, ina ta ga ƙarfin ɓarna?*

Ai a nan matsalar take. Farar ɗango baƙuwa ce, daga nesa take zuwa, ta ci ta wuce. Wannan kuwa 'yar gida ce, a filin manomi ake ƙyanƙyashe ta, a nan take girma. Sau ɗaya take haihuwa a shekara. Idan zafi ya fara ja baya, macen takan nemi fili mai yashi inda ciyawa ta yi ƙaranci, ta cusa ƙarshen cikinta a ƙasa ta zuba ƙwai goma da 'yan kai a dunƙule ɗaya. Ƙwan yakan kwana a ƙasa duk tsawon hunturu, wanda a can yake kamawa daga Yuni zuwa Agusta. Daga Satumba zuwa Nuwamba 'ya'yan ke fitowa, ƙanana kamar ƙwayar shinkafa, su yi saɓa sau biyar kafin su balaga wajen Disamba.

Suna ƙanana ba mai kula su, domin suna can ƙasa suna cin tsirrai masu faffaɗan ganye da ke shimfiɗe a makiyaya. Sai rani ya busar da makiyayar, yunwa ta koro su, su nufi duk wani abu da ya rage kore: gonar inabi, lambun kayan miya, harawar dabbobi, dashen itatuwa. Daga bakin gona suke fara ci, layi bayan layi. Ƙaramin dashe kuwa, idan sun gama da ganyen har ɓawon sukan gwaguye.

*Tun da can haka take addabar mutane?*

A'a, kuma wannan ne abin da ya fi ba ni sha'awa game da ita. Kafin zuwan Turawa, dazuzzuka da dogayen ciyayi ne suka rufe yawancin wuraren nan, ita kuma tana son ƙasa buɗaɗɗiya da rana ke duka. Da aka sare itatuwa, aka zuba tumaki suka aske ciyawa har ƙasa, aka kuma shigo da wata ciyawar kiwo dangin wake daga yankin Bahar Rum, sai aka haɗa mata wurin zuba ƙwai da abinci gaba ɗaya. A ganina, duk wanda ya ɗora laifin a kan farar kaɗai bai yi mata adalci ba.

*Me ke rage yawanta?*

Babbar abokiyar gabarta wata siririyar tsutsa ce da ke shiga jikinta tun tana ƙarama, ta girma a ciki, ta hana ta haihuwa, ta kashe ta. Tsutsar tana buƙatar danshi. Shi ya sa idan aka jera shekarun fari tsutsar takan yi ƙaranci, farar ta yi yawa. Akwai kuma ƙananan zanzaro masu lalata ƙwanta, da tsuntsaye.

*Yaya manoma ke yaƙarta?*

Mai wayo yakan leƙa filayen da take zuba ƙwai tun a Oktoba, ya yi feshi kafin 'ya'yan su bazu, domin idan suka balaga an makara. Ana kuma rage yawan dabbobi a makiyaya don ciyawa ta rufe ƙasa. Wasu masu gonakin inabi zabi suke kiwo, su sake su cikin gona su yi ta tsinta; zabon nan dai namu na Afirka.

Akwai kuma maganin Green Guard, wanda ba guba ba ne: wani nau'in funfuna ne mai suna Metarhizium acridum, da ke tsirowa a jikin fara ya kashe ta cikin mako ɗaya zuwa biyu. Ɗan'uwansa Green Muscle, da LUBILOSA, wani shirin bincike kan yaƙi da fara, ya samar don Afirka, daga jikin wata fara da aka tsinta a Nijar aka samo irinsa. Aibinsu ɗaya shi ne jinkiri, don haka manomin da fara ta riga ta shiga masa lambu ba ya iya jiran su.