Ma'anar "masani mai bijirewa" a labaran duniyar ƙage

Mai bijirewa shi ne mutumin da ya girma a cikin wani tsari, ya yi masa hidima, ya san sirrinsa, sannan ya fito fili ya ƙi amincewa da wata magana da masu iko suka ce dole kowa ya yarda da ita. Kalmar da Turawa suke amfani da ita a wannan wuri, wato "dissident", tushenta Latin ne, kuma asalin ma'anarta shi ne zama a gefe daban. Ya bambanta da ɗan adawa, wanda kujera yake nema, ya kuma bambanta da ɗan tawaye, wanda ya ɗauki makami. Shi abin da ya mallaka bai wuce alƙalaminsa da ƙin sa hannu a kan abin da ya san ƙarya ne ba.

Duniyar ƙage kuwa ita ce wadda marubuci ya gina tun daga tushe, da taswirarta da harsunanta da sarakunanta. Tolkien, malamin jami'ar Oxford, ya rufe babban littafinsa, The Lord of the Rings, da ya fito a 1954 da 1955 da jerin sarakuna da lissafin shekaru na ƙasashen da babu su a doron ƙasa. Salon ya kai har wasannin kwamfuta, inda mai wasa yakan tsinci littafi a cikin kango, ya buɗe ya karanta tarihin mutanen wurin.

A irin wannan duniya ne masani mai bijirewa yake da aiki babba. Tarihin da ya fito daga baki ɗaya, wato bakin fada da maroƙanta, ba ya da rai, kuma mai karatu ba ya daɗewa yake gane haka. Saboda haka marubuci yakan shigo da wani magatakarda, a ce mai kula da taskar littattafan sarki, wanda wata rana yana kakkaɓe ƙura daga tsohon kundin haraji sai ya ga sunan birnin ba wanda ake kiransa da shi yanzu ba ne, ga kuma sunayen dangogi da suka biya haraji shekara da shekaru, sannan a shafi na gaba suka ɓace gaba ɗaya. A kira shi gaban majalisa a ce ya ƙone shafin, ya ƙi. A kankare sunansa daga jerin malamai, a kore shi zuwa bakin iyaka, wani almajirinsa kuma ya riƙa kwafe rubutun cikin dare a hasken fitila. Sau da yawa ba a nuna mana shi da rai. Guntayen takardunsa muke gani, da zagin da abokan gabarsa suka rubuta a kansa, daga nan mu gane cewa an ɓoye wani abu.

Marubutan ba su ƙago wannan mutum daga iska ba, tarihin gaskiya suka duba. A shekara ta 833 Halifa Ma'amun ya fara tilasta wa malamai su furta cewa Alƙur'ani halitta ne. Da yawa sun furta don tsira da rai, amma Imam Ahmad bin Hanbal ya ƙi, aka ɗaure shi, aka yi masa bulala a zamanin Mu'utasim, sai a zamanin Mutawakkil aka daina wannan jarrabawa. A Tarayyar Sobiyet, Andrei Sakharov, wanda yana cikin waɗanda suka ƙera wa ƙasarsa bam mafi ƙarfi, ya juyo yana sukar gwamnati, ya sami kyautar Nobel ta zaman lafiya a 1975, aka kai shi birnin Gorki a 1980 aka tsare. A watan Disamba na 1986 ma'aikata suka zo suka sa masa wayar tarho a gida, washegari jagoran ƙasar, Gorbachev, ya kira shi ya ce masa ya dawo Mosko. A wannan ƙasa ce kuma mutane suka riƙa buga haramtattun rubuce-rubuce da tafireta suna miƙa wa juna a ɓoye, abin da ake kira samizdat. Almajirin nan mai kwafi a hasken fitila ɗan'uwansu ne.

A ganina, inda marubuta da yawa suke yin rauni shi ne su mai da masanin ya zama waliyyi, wanda duk abin da ya faɗa daidai ne kuma bai taɓa jin tsoro ba. Labarin Galileo, masanin taurari ɗan ƙasar Italiya, ya fi wannan nauyi. A ranar 22 ga Yuni 1633, yana ɗan shekara 69, ya durƙusa a gaban kotun coci a Roma ya karanta takardar janye maganarsa cewa duniya ce take zagaya rana. Ɗaya daga cikin manyan hujjojinsa ma, wato cika da janyewar ruwan teku, kuskure ce. Duk da haka, yana tsare a gidansa kusa da Firenze ya kammala wani littafi a kan motsi da ƙarfin abubuwa, aka fitar da shi zuwa Laiden ta ƙasar Holan aka buga a 1638. Ya rasu a 1642, kuma littafin da ya jawo masa shari'a bai fita daga jerin haramtattun littattafan coci ba sai a bugun 1835.