Fernanda Montenegro

Fernanda Montenegro jarumar fim da talabijin da wasan dandamali ce 'yar ƙasar Barazil. An haifeta ranar 16 ga Oktoba 1929 a birnin Rio de Janeiro, sunanta na asali Arlette Pinheiro Esteves da Silva. A ƙasarsu da yawa suna ɗaukarta babbar 'yar wasan da suka taɓa yi.

Tasowa

Iyayenta ba masu hali bane, babanta makaniki ne, kakanninta kuma daga Fotugal da Italiya suka zo. Tana da wajen shekara 15 ta fara aiki a gidan Rediyo MEC, tana wasan kwaikwayon rediyo tana kuma gyara rubuce-rubucen adabi dan a karantasu a iska, anan ne ta ɗau sunan da duniya ta santa dashi.

Dandamali da talabijin

Wannan shine tushenta, duk da mutanen waje basu cika sanin wannan ɓangaren ba. Ta fara hawa dandamali a 1950, a wasanta na farko ta fito tare da jarumi Fernando Torres wanda ta aura a 1953 ko 1954, suka zauna tare har rasuwarshi a 2008. A 1951 gidan TV Tupi na Rio ya ɗauketa aiki lokacin talabijin sabon abu ne a Barazil, kai tsaye ake watsa wasa babu ɗauka a faifai, in kin manta layinki to kowa yana kallonki, kuma a haka tayi wasanni sama da 100 a shirin Grande Teatro Tupi. A 1959 ita da mijinta da Sérgio Britto da Ítalo Rossi da darakta Gianni Ratto suka kafa ƙungiyar Teatro dos Sete. Ko zamanin mulkin soja daga 1964 zuwa 1985, da ake tace duk abinda za'a faɗa a dandamali, bata bar sana'ar ba. A 1985 shugaba José Sarney yayi mata tayin ministar al'adu, taƙi karɓa.

A tashar Globo tayi wasanni masu dogon zango irinsu Guerra dos Sexos na 1983 tare da Paulo Autran, da Belíssima na 2005 inda ta fito a muguwa. Rawar da ta taka a Babilônia a 2015 ta jawo ce-ce-ku-ce daga masu ra'ayin addini.

Fim

Fim ɗin A Falecida na darakta Leon Hirszman a 1965 shine ya fara ciyo mata kyauta a bikin fina-finai na Brasília. Amma Central do Brasil na darakta Walter Salles a 1998 shi ya fitar da ita duniya, ta fito a matsayin Dora tsohuwar malamar makaranta dake zama a tashar jirgin ƙasa tana rubutawa waɗanda basu iya karatu ba wasiƙa suna biyanta, mace mai busasshiyar zuciya har saida wani yaro da uwarshi ta rasu ya faɗo hannunta. Da wannan fim ɗin ta ci kyautar Silver Bear ta jaruma mace a bikin fina-finai na Berlin, sannan ta zama 'yar Barazil ta farko da aka sa a takarar Oscar ta jaruma mace a 1999. Jarumar Amurka Gwyneth Paltrow aka bawa kyautar, har yau 'yan Barazil basu huce ba, kuma suna da hujja.

Ta ci kyautar talabijin ta Emmy ta ƙasa da ƙasa a 2013 da fim ɗin talabijin Doce de Mãe, a 2021 aka zaɓeta a kujera ta 17 ta cibiyar adabin Barazil.

Iyali

'Ya'yanta biyu, Cláudio Torres darakta da Fernanda Torres jaruma. A fim ɗin Ainda Estou Aqui na 2024 uwa da 'ya sun fito a matsayin mutum ɗaya, wato Eunice Paiva, lauya mai fafutukar kare haƙƙin ɗan adam, 'yar ta taka shekarun ƙarfinta uwar ta taka tsufanta. 'Yar ta ci kyautar Golden Globe, fim ɗin kuma ya ci Oscar na fim ɗin ƙasashen waje a 2025, na farko ga Barazil.