Eddie Romero: daraktan da ya sayar wa Amurka dodanni kafin ya juyo kan tarihin ƙasarsa

Wane ne Eddie Romero?

Daraktan fim ne ɗan ƙasar Filifin, kuma marubuci ne, furodusa ne. An haife shi ranar 7 ga Yuli, 1924 a garin Dumaguete, ya rasu ranar 28 ga Mayu, 2013. A 2003 gwamnatin ƙasar ta ba shi lambar girmamawa mafi daraja da take ba masu fasaha.

Ta yaya ya shiga harkar?

Ta hanyar alƙalami. Yana ɗan shekara 17 ya rubuta labarin fim ɗin Ang Maestra, wanda Gerardo de León ya ba da umarninsa a 1941. De León ya zama ubangidansa a sana'a, daga baya suka riƙa haɗa hannu wajen ba da umarni. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, a 1947, Romero ya fara ba da umarni da kansa a kamfanin Sampaguita.

Me ya sa ake cewa babu irin fim ɗin da bai taɓa ba?

Saboda haka abin yake. Ya yi na soyayya da na barkwanci da harshen Tagalog. Ya yi na yaƙi da Turanci. Daga ƙarshen shekarun 1960 ya shiga yin finafinan ban tsoro masu arha, na wani tsibiri mai dodanni da mahaukacin likita, tare da ɗan wasan Amurka John Ashley. Ba don 'yan gida aka yi su ba. Kasuwarsu tana Amurka, a sinimomin da ake kallo daga cikin mota. Lissafin a fili yake: ma'aikata a Filifin suna jin Turanci, ladansu kaɗan ne, ga daji ga teku ba sai an gina komai ba. A 1973 ya sa 'yar wasan Amurka Pam Grier a Black Mama, White Mama, labarin fursunoni mata biyu da suka tsere a ɗaure da sarƙa ɗaya. Da daraktan Amurka Francis Ford Coppola ya je ƙasar ɗaukar fim ɗinsa Apocalypse Now, Romero na cikin furodusoshin aikin.

A ganina yawancin finafinan dodannin nan ba su da wani armashi, kwalliyar dodon ma dariya take ba mutum yanzu. Amma ba a raina musu: sun nuna wa kamfanonin waje cewa ana iya gama fim a Filifin da kuɗi kaɗan, a kan lokaci.

To a ina ya sami girman da ake ba shi?

A 1976, lokacin da ya juya wa kasuwar Amurka baya ya fitar da Ganito Kami Noon, Paano Kayo Ngayon?, wato haka muke a da, ku fa yanzu? Christopher de Leon ya fito a matsayin Kulas, wani baƙauye mai saukin kai da ya bar garinsu ya nufi Manila, babban birnin ƙasar, daidai lokacin da mulkin Sifen na sama da shekara 300 yake rugujewa, Amurkawa kuma suna shigowa. A 1898 ne Sifen ta miƙa wa Amurka tsibiran a kan dala miliyan 20.

Duk inda Kulas ya je tambaya ɗaya ke damunsa: wane ne Filifino? Ba tambayar wauta ba ce. A zamanin Sifen, sunan na Sifaniyawan da aka haifa a tsibiran ne, 'yan ƙasa kuwa "indiyo" ake ce musu. Saboda haka fim ɗin yana nuna lokacin da mutane masu harsuna daban-daban suka fara karɓe sunan suka mai da shi nasu. Romero bai yi wa'azi a ciki ba. Da raha ya tafiyar da labarin, kuma nan ne gwanintar take. Kada a manta, ƙasar tana ƙarƙashin dokar soja ta Shugaba Ferdinand Marcos a shekarar da fim ɗin ya fito.

Daga nan fa?

Ya ci gaba da taɓo tarihi. A 1980 ya yi Aguila, fim mai tsawon sama da awa 3, inda Fernando Poe Jr. ya fito, ana bin tarihin ƙasar ta rayuwar iyali ɗaya. A 1981 ya koma can baya, zamanin da Turawa ba su zo ba, a Kamakalawa. A farkon shekarun 1990 ya mai da littafin gwarzon ƙasar José Rizal, Noli Me Tángere, shirin talabijin mai kashi 13.