'Yan Ruwa a Al'adar Kabawa

'Yan ruwa su ne halittun ɓoye da masunta da mazauna bakin gulbi a ƙasar Kabi suka yi imani suna zaune a ƙarƙashin ruwa, musamman a gurbi mai zurfi da ba ya ƙafewa ko da rani. Ana danganta su da nutsewar mutum ba gaira ba dalili, da kifewar kwalekwale, da ƙarancin kifi a shekarar da aka saɓa musu. Labaransu sun fi yawa a Gulbin Kabi wajen Argungu da kuma gaɓar Kwara wajen Yawuri.

Siffa

Masu ba da labari ba su haɗu a kan siffa ɗaya ba. Wasu na cewa kamannin mutane gare su, da dogon gashi, suna da gidaje da dabbobi a ƙasan ruwa. Wasu na cewa sukan fito da siffar kada ko ƙaton kifi. A Yawuri labarin ya cuɗanya da na ayu, dabbar ruwa ta gaske mai cin ciyawa, wadda takan leƙo sama ta shaƙi iska, macen kuma tana da nono kusa da hannuwanta. Wanda ya hango ta da magariba daga nesa ba abin mamaki ba ne ya ce mutum ya gani. Har yau ana neman man ayu don magani.

Tarihi da al'adu

Ga dukkan alamu imanin ya girmi daular Kabi da Kanta ya kafa a Surame wajen farkon ƙarni na 16. Sarkawa, waɗanda su ne gwanayen kamun kifi a yankin, suna gadon sanin ruwa daga kakanni: addu'o'i, magunguna, da wuraren da ba a jefa koma. Kafin buɗe kamun kifi akan yi gyaran ruwa, sannan fashin ruwa, inda Sarkin Ruwa ke neman izinin masu gurbin, ya kuma kawar da kadoji daga hanyar masunta. Bikin kamun kifi na Argungu, wanda aka fara a tsarinsa na yanzu a 1934 lokacin ziyarar Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu, ya gaji wannan mataki a gulbin Matan Fada da ke Argungu. Hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa bikin cikin jerin al'adun duniya a 2016.

Rubutawa

Jami'in mulkin mallaka P. G. Harris ya yi rubutu kan Yawuri a 1930, da kuma kan masuntan Kabi a 1942. Mafi yawan labaran dai sun ci gaba da zama a bakin tsofaffi. Tafkin Kainji, da ya cika bayan gina madatsa a 1968, ya shanye tsibirai da dama na ƙabilar Gungawa a yankin Yawuri, mutane suka tashi, gurabe masu suna da tarihi suka nutse tare da su. Wannan babbar asara ce, domin labarin ɗan ruwa a manne yake da wurinsa.

Matsayin malamai

Wasu malamai na ɗaukar su a matsayin aljanu, wasu kuma camfi. Yanka domin su haramun ne a wurin dukkansu.